Sawakin: Inda Kakanninmu Suka Yi Sallama Da Afirka

A gidanmu akwai wani suna da ake ambata duk lokacin da maniyyata suka fara haramar tafiya, sunan ƙanen kakana. Ya bar gida da ƙafa, shi da matarsa da jaki guda, shekaru kaɗan kafin Yaƙin Duniya na Biyu, da niyyar sauke farali. Wasiƙa ɗaya tak ta iso daga gare shi, cikin ajami, ta hannun wani alhaji da ya dawo. Abin da tsofaffinmu suka riƙe daga cikinta shi ne ya isa wani gari da ake kira Sawakin, yana jiran jirgi. Daga nan ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Ina yaro na ɗauka Sawakin wani wuri ne irin na tatsuniya, can ƙarshen duniya, inda ƙasa ke ƙarewa ruwa ya fara. Sai da na girma na gane cewa gari ne sosai, yana gaɓar Bahar Maliya a gabashin Sudan, kuma ya fi biranen da muke alfahari da su da yawa tsufa.

A 2018 na halarci wani taron malaman jami'a a Khartum. Da aka tashi sai na saci kwana uku na nufi gabas, na sauka a Bur Sudan, garin da kafafen labarai ke kira Port Sudan, na shiga motar haya zuwa Sawakin, tafiyar kimanin kilomita 60 ta kudu. Abin da na gani a can, da abin da na karanta daga baya, su nake so mu tattauna a wannan mako, domin yaƙin da ya ɓarke a Sudan ranar 15 ga Afrilu 2023 ya sake jefa garuruwan nan biyu cikin labarai, alhali mafi yawanmu ba mu san irin alaƙar da ke tsakaninmu da su ba.

Tsohon garin Sawakin ɗan tsibiri ne zagayayye, wanda mutum zai kewaye da ƙafa kafin shayi ya huce a buta. Yana can ƙuryar wata siririyar mashigar ruwa da ta ratsa tsakanin duwatsun murjani, don haka igiyar teku ba ta isa gare shi. Wannan kariya ce ta sa matuƙan jiragen katako masu tafiya da iska suka so shi tun fil azal. Jidda tana tsallaken ruwa, kimanin kilomita 300. Ta bayansa kuma hanyar raƙuma ta ratsa duwatsu ta tafi Barbar a bakin Kogin Nilu. Mutanen Beja, waɗanda su ne 'yan ƙasa a wannan yanki, suna kiran garin da sunan da ke nufin kasuwa a harshensu. Masu hikaya kuwa sun ce Annabi Sulaimanu ne ya tsare aljanu a wurin, kuma har yau akwai masu kallon kyanwoyin da ke yawo cikin kangayen da wani ido na daban.

Marubutan Larabawa sun ambaci Sawakin tun ƙarni na 10. Ibn Battuta ya ya da zango a can wajen shekarar 1330, ya tarar mai mulkin tsibirin sharifi ne, ɗan sarkin Makka, wanda ya sami sarautar ta wajen kawunnansa Beja. Wannan ɗan labari ya isa ya nuna irin garin: uba daga tsallaken teku, uwa daga duwatsun Afirka. Da tashar Aizab da ke arewa ta durƙushe a ƙarni na 15, sai cinikin yankin ya tattaro ya dawo Sawakin. Daular Usmaniyya ta karɓe shi bayan ta ci Masar a 1517, kuma a 1555 ta kafa lardin Habash wanda garin ya zama ɗaya daga cikin ginshiƙansa. A 1865 aka miƙa shi ga Khidiwi Isma'il na Masar. Shekara huɗu bayan haka aka buɗe mashigar Suwes, Bahar Maliya ta zama babbar hanyar Turai zuwa Indiya, kakar Sawakin ta yanke saƙa.

A wannan zamani ne aka gina mafi yawan gidajen da suka yi wa garin suna. Da dutsen murjani da ake sarowa daga teku aka yi su, hawa biyu, hawa uku, an shafe su da farar ƙasa, da tagogin katako masu sassaƙa da ke leƙowa kan titi. Duk alhajin da ya taɓa shiga tsohuwar unguwar Jidda ya ga irinsu. A cikinsu akwai 'yan kasuwar Hadramaut da na Jidda, da Misirawa, da Turkawa, da Indiyawa, da Girkawa, ga kuma dangogin gari irin su Artega da Ashraf. A 1877 Gordon, wanda daga baya mutanen Mahadi suka kashe a Khartum, ya sa aka cike ruwa aka yi hanyar da ta haɗa tsibirin da unguwar Gef da ke kan tudu. A Gef ɗin ne raƙuma ke sauke ƙaro da hauren giwa da gashin jimina da fatu da riɗi, su ɗauki yadi da turare da kayan yaji su koma. Akwai kuma hajar da ba a son ambata: bayi. Shekaru aru-aru ana fitar da mutane ta wannan tasha zuwa kasuwannin Hijaz, kuma wani sashe na farin ginin nan da kuɗinsu aka yi shi. Tarihin da ya ɓoye wannan bai cika ba.

Lokacin tawayen Mahadi garin ya zama sansanin yaƙi. Usman Dikna, wanda ɗan Sawakin ne, ya tara mayaƙan Hadandawa ya gwabza da sojojin Masar da na Ingila a Teb da Tamai a 1884, ya hana su sakat shekara da shekaru, amma bai taɓa cin garin ba. Turawa sun fara shimfiɗa layin dogo daga Sawakin zuwa Barbar a 1885, suka watsar da aikin bayan 'yan kilomitoci. Kitchener ya yi gwamna a wurin daga 1886, kuma ƙofar da ake dangantawa da shi tana nan tsaye. An kama Usman Dikna a 1900, ya rasu a Wadi Halfa a 1926.

Abin mamaki, garin da ya tsira daga yaƙi, zaman lafiya ne ya kashe shi. Da Turawa suka gama kama Sudan suka zauna yin lissafi, sai suka ga mashigar Sawakin ta yi wa manyan jiragen ruwa masu inji ƙunci, murjani kuma kullum ƙara tsuke ta yake yi, ruwan sha bai wadata ba, tsibirin ba shi da filin faɗaɗawa. Suka zaɓi wata mashiga mai faɗi da zurfi a arewa, inda ba kowa sai kabarin wani waliyyi da ake kira Shaihu Bargut. A 1905 aka fara gini, a 1906 layin dogo daga Atbara ya iso bakin teku, a 1909 Khidiwi Abbas Hilmi ya buɗe sabuwar tashar Bur Sudan. Kwastan ya tashi, banki ya tashi, ofisoshin gwamnati suka bi, 'yan kasuwa suka kulle ƙofofinsu suka bi kuɗi. Shi kuwa ginin murjani yana da wani sharaɗi: sai ana sabunta masa shafe a kai a kai, in ba haka ba raɓa da gishiri su shiga su rududduge shi. Babu wanda ya rushe Sawakin da igwa. Masu gidajen ne suka daina zuwa yin yaɓe. Lokacin da Jean-Pierre Greenlaw ya wallafa littafinsa na zane-zanen gine-ginen garin a 1976, da yawa daga cikin abin da ya zana sun riga sun zube.

Mu mutanen Kano bai kamata wannan ya zame mana baƙon labari ba. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, kuma cikin 'yan shekaru ayarin da ke ratsa Sahara zuwa Gadamas da Tarabulus ya zama tarihi. Kano ta rayu domin sabuwar hanyar a ƙofarta ta tsaya. Garuruwan da ta kauce wa, sai dai a tambayi tsofaffi.

To, a daidai lokacin da attajirai ke ficewa daga Sawakin ne mutanenmu suka fara isowa da yawa. Hanyar gabas ta hajji, wadda ta bi ta Barno da Wadai da Darfur, ta daɗe ana bin ta, amma zuwan Turawa ya mayar da ita kogin mutane. Bayan an kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi a 1903, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja ragowar jama'a suka yi gabas, suka kafa garin Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu kusa da Sinnar. Bayansu talakawa suka yi ta kwarara, Hausawa da Fulani da Barebari, wasu don gudun mulkin Nasara, wasu don hajji kawai. Tafiya ce ta shekaru. Mutum ya yi noma a nan damina ɗaya, ya yi dako a can, ya tsinci auduga a gonakin Jazira bayan an gama madatsar Sinnar a 1925, ko a Tokar da Kasala, har ya tara kuɗin jirgi. Mutanen Sudan suka kira su Fallata ko Takarir, wanda daga gare shi ne muka sami kalmar Takari da muke jifan 'yan'uwanmu da ita yau ba tare da sanin nauyinta ba.

Gwamnatin Turawa ta bar wa Sawakin aiki guda: tashar alhazai. A nan ake killace maniyyata a yi musu allurar rigakafi, a duba takardunsu, a tabbatar suna da kuɗin komowa. Wanda bai cika sharaɗi ba, ko ya zauna ya ƙara nema, ko ya bi dare ya shiga sambuk, ƙaramin jirgin katako na masu fasa-ƙwauri, a sauke shi a wani lungu na gaɓar Hijaz. Wasu sun isa. Wasu teku ta ci su. Wasu kuma, musamman yara da mata, an sayar da su a can tsallake, domin Saudiyya ba ta haramta bauta a hukumance ba sai 1962. Waɗanda suka zauna jira kuwa suka kafa bukkoki a gefen gari, jiran wata ya zama na shekara, na shekara ya zama na rayuwa. Masanin halayyar al'umma C. Bawa Yamba ya rubuta littafi a 1995 kan irin waɗannan Hausawa na Sudan, jikoki da tattaɓa-kunne da aka haifa a can amma har yanzu suna ɗaukar kansu matafiya ne a kan hanyar Makka.

Na haɗu da ɗaya daga cikinsu a bakin kasuwar Gef, wani dattijo mai gasa agashe, wato tsiren da duk Sudan ta sani kuma ta san daga hannun mutanenmu ya fito. Na yi masa sallama da Hausa, ya ɗago kai ya dube ni, ya ce, "Ɗana, daga ina?" Na ce, "Daga Kano, Baba." Ya ce kakansa mutumin ƙasar Haɗeja ne, shi kuwa a nan aka haife shi, bai taɓa taka Nijeriya ba. Hausarsa tsohuwa ce, mai gauraye da Larabci, akwai kalmomin da rabona da jin su tun rasuwar kakata. Na ba shi labarin ƙanen kakana, na faɗi sunansa da garinsu. Ya yi shiru, sannan ya nuna mini yamma da hannu, inda maƙabarta take, ya ce, "Irinsu suna da yawa a can. Ba a rubuta suna." Ya ƙi karɓar kuɗin naman.

Wannan magana ta dattijo ita ce ta tsaya mini a rai fiye da duk kangayen da na ɗauki hotonsu. Tarihin garin bakin teku, yadda aka saba rubuta shi, tarihin masu gidan dutse ne: fasha wane, attajiri wane, gwamna wane. Waɗanda suka sari murjanin, suka ja raƙuman, suka ɗauki buhunan a ka, ba su bar gini ba, don haka ba su bar suna ba. Amma da masu dutsen suka tafi, su ne suka rage. Masunta da makiyayan Beja, da Rashayida da suka ƙetaro daga Hijaz a ƙarni na 19, da Takarir masu jiran jirgi, su suka hana Sawakin zama kufai gaba ɗaya, har zuwa 1991 da aka buɗe sabuwar tasha mai sunan Usman Dikna, jiragen fasinja da na dabbobi suka dawo zirga-zirga zuwa Jidda. Mai karatu zai iya tuna jirgin da ya nutse a wannan tasha a watan Yunin 2022 ɗauke da tumaki fiye da 15,000.

A Bur Sudan ma haka zancen yake, sai dai a can an tsara rabon tun a takarda. Turawa sun zana garin aji-aji: unguwar manya kusa da ruwa, da gidajen dutse da bishiyoyi, sai unguwannin leburori da ake kira daim a bayan gari, na katako da buhu da gwangwani. Waɗanda suka taso daga tsohon gari suka sa wa tasu unguwa Daim Sawakin. 'Yan dakon Beja, waɗanda suka gaji aikin lodin jirage daga leburorin Yaman na farko, suka taru a Daim Arab. Mutanen Nuba da na arewacin Sudan da Bani Amir da Hausawa kowa ya sami gefensa. Ta wannan tasha mafi yawan kayan da Sudan ke saye da sayarwa suke bi, kuma tun 1999 man fetur ma ta kusa da nan yake fita. Duk da haka garin bai taɓa ƙoshi da ruwan sha ba. Ya dogara ne da kwarin Arba'at, kuma da madatsar wurin ta fashe a watan Agustan 2024, mutane suka mutu, birnin ya shiga ƙishirwa. Zuwan kwantena da injinan ɗaga kaya ya rage buƙatar ƙarfin ɗan'adam, dubban 'yan dako suka rasa abin yi. Ranar 29 ga Janairu 2005 jami'an tsaro suka buɗe wa masu zanga-zangar Beja wuta a garin, suka kashe fiye da mutum 20. A watan Satumbar 2021 kuma shugabannin Beja suka rufe tashar da hanyar Khartum makonni da dama, har burodi da magani suka yi wuya a babban birnin. Wanda aka daɗe ba a saurare shi ba, ranar da ya gane maƙogwaron ƙasa yana hannunsa, sai ya matsa.

Inda arziki ke wucewa ta gaban mutane bai tsaya ba, abin da ke biyo baya shi ne talakawa su juya wa junansu, kowa yana tambayar ɗan'uwansa yaushe ya zo. An ga haka a faɗan Bani Amir da Nuba a Bur Sudan a 2019. Mutanenmu kuwa sun daɗe da sanin ɗacin wannan tambaya. Dokar zama ɗan ƙasa ta Sudan ta 1957 ta nemi mutum ya nuna cewa kakanninsa suna ƙasar tun ƙarshen 1897. Dubi wannan shekara, sannan ka tuna Burmi 1903 ce. An sassauta sharaɗin daga baya, amma tabon bai goge ba. A watan Yulin 2022, bayan Hausawan jihar Shuɗin Nilu sun nemi a ba su sarautar gargajiya tasu, rikici ya tashi aka kashe fiye da mutum 100, Hausawa suka fito zanga-zanga a Khartum da Kasala da Gadarif da Bur Sudan. Mutanen da suka yi fiye da ƙarni suna noma ƙasar, suna lodin jiragenta, suna ciyar da kasuwanninta, har yanzu ana ce musu baƙi. Kafin mu yi saurin ganin laifin Sudan, mu tuna da takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma da muke nema a wurin yaron da aka haifi ubansa a Sabon Gari. Laifi tudu ne.

A garin tasha kuwa wannan tambaya ba ta da ma'ana ko kaɗan, domin in ka cire baƙi daga tarihin Sawakin, abin da zai rage tsibiri ne da kyanwoyi. Bur Sudan ma ba wanda kakansa na bakwai ya kwanta a cikinta, tun da garin bai wuce shekara 120 da 'yan kai ba. Haƙƙin Beja na masu ƙasa gaskiya ne, kuma an daɗe ana tauye shi. Amma wanda ya tauye shi yana ofis, ba ya bakin kasuwa yana gasa nama.

A watan Disambar 2017 shugaban Turkiyya Erdogan ya ziyarci Sawakin tare da Umar al-Bashir, aka yi yarjejeniyar farfaɗo da tsibirin. Lokacin da na je, masallatan Hanafi da Shafi'i da ginin kwastan da Turkawa suka gyara suna ta ƙyalli a tsakiyar tarin duwatsu. Aiki ne mai kyau, ban raina shi ba. Sai dai Turkiyya ta zo ne ta ɗaga abin da kakanninta suka bari, kuma ta san inda yake domin da dutse aka yi shi. Namu gadon ba a gyara shi da siminti. Yana cikin kan tsofaffi irin mai agashen nan, da wasiƙun ajami da ke ƙasan adaka a Haɗeja da Katagum da Damagaram, da takardun ofishin alhazai da ke cin ƙura a gidan adana tarihi na Kaduna. Tun da yaƙi ya mayar da Bur Sudan mazaunin gwamnati, 'yan gudun hijira suka cika ta, jirage marasa matuƙa kuma suka fara kai mata hari a watan Mayun 2025, ban san halin da dattijon nan yake ciki ba, kuma duk tsohon da ya faɗi a irin wannan lokaci da littafinsa yake tafiya.

Saboda haka ina da roƙo biyu. Na farko ga abokan aikina a sassan tarihi da na harsunan Nijeriya: cikin ɗaruruwan kundayen digiri da muke dubawa kowace shekara, a ware wasu ga hanyar gabas. Akwai Hausawan Sudan da yaƙi ya koro suna zaune a Kano da Maiduguri yanzu haka, ɗalibi ba ya buƙatar biza kafin ya zauna da su da na'urar ɗaukar magana. Na biyu gare ka mai karatu: idan a gidanku akwai wanda ya tafi hajji da ƙafa, ko ya dawo ko bai dawo ba, je ka wurin mafi tsufan gidan a wannan mako ka tambaya. Rubuta sunansa, da shekarar da ya tashi, da garuruwan da aka ce ya bi, da inda aka ji labarinsa na ƙarshe. In ka ga dama ka aiko wa wannan shafi, mu tara.

Yau maniyyaci yana tashi daga filin jirgin Malam Aminu Kano bayan sallar asuba ya yi la'asar a Jidda. Jirgin yana ratsa samaniyar wannan gaɓa cikin 'yan mintoci, mafi yawan fasinjoji suna barci. Ni dai tun daga 2018, duk sanda na ji an ce alhazai sun tashi, sai na karanta Ƙulhuwallahu ga ƙanen kakana da matarsa, da sauran waɗanda ke kwance yamma da kasuwar Gef. Allah ya karɓi niyyarsu, ya kawo wa Sudan zaman lafiya.